Alƙalamin Malam Abdullahi Gwandu da masu mulki

Wajen shekarar 1807, jihadi na tsaka da ci, Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya bar jama'a ya nufi gabas da niyyar aikin hajji. Abin da ya gani a cikin gida ne ya tayar da shi: waɗanda suka yi hijira domin addini sun fara tara dawakai da ƙwaraƙwarai da manyan riguna, kowa na hangen sarauta. Shi da kansa ya ba da labarin a Tazyinul Waraƙati, wanda ya tsara a 1813.

Bai wuce Kano ba. Kanawa suka tsayar da shi, ya karantar da su tafsiri, ya kuma rubuta musu Liya'ul Hukkami, littafin da ya shata wa mai mulki iyaka: shawara, adalci a shari'a, tsare baitulmali, da gargaɗi kada shugabanci ya koma gado irin na sarakunan da aka yaƙa. Ko yayansa Shehu Usmanu bai ƙyale ba. Sun yi saɓani a rubuce kan kaɗa tambura, laƙabin sarauta da tufafin ado. Shehu ya karkata ga sassauci a Najmul Ikhwani, ƙanen ya tsaya kan tsanani. Ina ganin wannan muhawara ta ɗaki ɗaya ita ce mafi daraja cikin abin da suka bari, ita ce kuma aka fi tsallakewa a wajen wa'azi.

Daga baya mulkin ya zo hannun Malam Abdullahi. A 1812 aka ba shi yammacin daula. Da Shehu ya rasu a 1817 aka yi wa Muhammadu Bello mubaya'a, tsakaninsa da Malam Abdullahi ya yi sanyi har sai da yaƙin Kalambaina ya haɗa su. Malam Abdullahi ya rasu a 1829, kuma har yau zuriyarsa ke riƙe da sarautar Gwandu, ko da yake fadar ta koma Birnin Kebbi. Mai karatu ya ajiye wannan kusa da gargaɗin gado, ya yi nasa nazari.

Garin Gwandu ya ci gaba da zama matattarar littattafai. A nan Bajamushe Barth ya samu Tarihus Sudan a 1853, zamanin Sarki Halilu, ya kwafi sassansa ya kai Turai.

Yau akwai jami'ar tarayya ta Birnin Kebbi da aka kafa a 2013, wadda ta fara aiki a Kalgo. Aikin da ke jiran ɗalibanta bai tsaya ga yabon Malam ba. Kusan duk abin da muka sani game da Abdussalami, malamin da ya yi tawaye, ta alƙalamin Bello ya zo mana, a Sardul Kalami. Kabawan Argungu kuwa, da suka yi shekaru suna fafatawa da Gwandu, nasu labarin ya fi zama a bakin makaɗa da dattawa, dattawan kuma suna ƙarewa.