Sandra Day O'Connor: daga lauyar kasuwa zuwa kotun ƙoli

A yau za mu leƙa jahar Arizona ta ƙasar Amurka, domin jin tarihin wata mata da ta yi siyasa, ta kuma yi alƙalanci.

An haifi Sandra Day O'Connor a shekarar 1930. Ta tashi a gidan kiwon shanu na mahaifinta, can cikin daji, inda babu lantarki babu ruwan famfo sai da ta kai shekara 7. A 1952 ta gama karatun shari'a a jami'ar Stanford da sakamako mai kyau, amma manyan ofisoshin lauyoyi suka ƙi ɗaukarta saboda mace ce. Wani ma aikin sakatariya ya yi mata tayi. Dole ta fara aiki ba albashi a ofishin lauyan gundumar San Mateo.

Daga baya ita da wani abokin aiki suka buɗe ɗan ofishinsu a tsakiyar kantuna, a wata unguwa ta birnin Phoenix. Duk wanda ya shigo da ƙaramar matsala sai su karɓa: rigimar haya, bashin da ya maƙale, rubuta wasiyya.

A 1969 ta shiga majalisar dattawan Arizona a ƙarƙashin jam'iyyar Republican, a 1973 kuma ta zama shugabar masu rinjaye, mace ta farko da ta riƙe wannan muƙami a duk jahohin Amurka. A nan ne ta yi aikin da ya fi shafar mata masu nema. A lokacin, dukiyar da miji da mata suka tara tare, miji ne ke da ikon juya ta. Ta tsaya tsayin daka har aka gyara doka, matar ma ta samu ta cewa daidai da mijinta. Haka kuma ta taimaka aka soke wata tsohuwar doka da ta hana mata yin aikin fiye da awa 8 a rana, wadda masu ɗaukar aiki ke fakewa da ita suna fifita maza.

A 1974 jama'a suka zaɓe ta alƙaliyar gundumar Maricopa, domin a wasu jahohin Amurka da ƙuri'a ake samun kujerar alƙali. A 1979 gwamna Bruce Babbitt, duk da ba jam'iyyarsu ɗaya ba, ya naɗa ta kotun ɗaukaka ƙara ta jahar. Bayan shekara 2 shugaba Ronald Reagan ya kai ta kotun ƙoli ta ƙasa, sanatoci 99 suka amince, babu wanda ya ƙi. Kafin ita, mace ba ta taɓa hawa wannan kujera ba.

A 2006 ta aje aiki don jinyar mijinta mai ciwon mantuwa. Ta rasu ranar 1 ga Disamba 2023 a Phoenix, tana da shekara 93.