Baƙunci A Bisa Duwatsun Filato

Duk wanda ya taɓa sauke buhun dankalin Turawa a kasuwar Mile 12 ta Ikko, ko ya kasa kabeji da karas a Bodija ta Ibadan, to ya ci arzikin Filato ko ya sani ko bai sani ba. Direbobinmu sun san Hawan Kibo kwana-kwana, sun san inda ake sauya giya da inda birki kan yi zafi. 'Yan gwari sun san Farin Gada, dillalan dankali sun san Bokkos da Mangu. Amma a tambaye mu wane ne ya taɓa sauka daga mota ya taka da ƙafarsa zuwa ɗaya daga ƙauyukan nan da ake hangowa maƙale a jikin dutse, sai a ji shiru. Kayan muka sani, masu kayan ba mu san su ba.

Abin da ya sa na ɗauko wannan magana shi ne wata sana'a da ta kafu a ƙasashen Asiya. A Sapa, can arewacin ƙasar Biyetnam kusa da iyakar Sin, matan ƙabilun Hmong da Dao su ne ke ja wa baƙi gora. A yini ana tafiya a ƙasa cikin gonakin shinkafa da aka sassaƙa hawa-hawa a jikin duwatsu kamar matakala, da dare baƙo ya kwana a gidan manomi, ya ci abin da aka dafa, da safe ya biya. A ƙasar Filifin ma haka ake yi wajen mutanen Ifugao, waɗanda hukumar UNESCO ta sa gonakinsu cikin kayan tarihi na duniya a 1995. Mutum ya baro Faransa ko Jamus, ya kashe kuɗin jirgi, don kawai ya ga yadda talaka ya tare ƙasa da ruwan sama a kan gangare. Alhali kuwa irin wannan aiki yana nan a ƙasarmu. Gonakin Sukur na Jihar Adamawa sun shiga wancan lissafi na UNESCO tun 1999, na Filato kuma mota tana kai mutum gindinsu daga Jos cikin yini guda. Bambancin dai shi ne nan ba shinkafa ake shukawa a bisa dutse ba. Shinkafar Filato tana ƙasa, wajen fadamun Shendam. A sama acca ce da dawa da maiwa.

Garin Jos kansa yana bisa tudu mai tsayin ƙafa wajen 4,000 daga teku, shi ya sa wanda ya saba da zafin Ikko yakan nemi bargo tun daren farko. Mai son gwada ƙafarsa sai ya fara da duwatsun Shere, mil shida ko bakwai gabas da gari, a ƙasar Afizere waɗanda Hausawa ke ce wa Jarawa. Ƙololuwarsu ta kai ƙafa 6,000. A nan makarantar horon shugabanci take, wadda aka fi sani da Man O' War, da aka fara kafawa a bakin teku a ƙasar Kamaru cikin 1951 kafin a dawo da ita Filato. Samarin Jos sukan haɗa ƙungiya su hau ran Asabar su sauko kafin la'asar. Akwai kuma duwatsun Riyom da suka ɗoru kan juna kamar da hannu aka jera su, da faɗuwar ruwa ta Assop a gindin Hawan Kibo, mil 40 daga Jos. Waɗannan duk kallo ne na yini ɗaya, a ɗauki hoto a koma otel.

Gonakin da nake nufi sai an yi kudu. A bi ta Bukuru, a wuce Barikin Ladi da Mangu, a nufi Pankshin, ƙasar Ngas, ko kuwa a gangara ta hanyar Shendam zuwa ƙasar Kofyar a ƙaramar hukumar Qua'an Pan, inda tudun Filato ya yanke ya fuskanci kwarin Binuwai. A wuraren nan za ka ga gangaren da ko akuya sai ta yi hankali, amma an ɗaure shi da jingar duwatsu layi bisa layi. Ba siminti, ba laka. Dutse ne kan dutse, an zaɓi kowanne an zaunar da shi yadda ruwa zai tsiyaye ta tsakani ƙasa kuwa ta tsaya. Wani hawan faɗinsa bai fi taku uku ba. Wanda ya tsince duwatsun daga gona ya sami wurin shuka, ya kuma sami abin gini, watau aiki ɗaya riba biyu.

Wani Ba'amurke mai nazarin al'adu, Robert Netting, ya zauna cikin Kofyar a farkon shekarun 1960, ya rubuta littafi a kansu mai suna Hill Farmers of Nigeria wanda ya fito a 1968. Abin da ya ba shi mamaki shi ne gonar da ke kewaye da gida ana nomanta kowace shekara ba a barinta ta huta, kuma ba ta gajiya. Asirin yana wurin awaki. Da damina ba a sakinsu. Ana tsare su a garke mai katangar dutse, a yanko ciyawa da ganye a kawo musu, abin da suka ci da abin da suka tattake ya taru ya ruɓe, kafin ruwa ya sauka a kwashe a zuba a gona. Kunyar ma ba a barinta a miƙe, sai a datse ta gida-gida kamar fangalin lambu, don kowane ɗigon ruwa ya nutse inda ya faɗi. Bakano da ya san darajar takin birni a gonakin kewayen Kano ba sai an yi masa dogon bayani ba. Aikin da ya fi ƙarfin gida ɗaya kuma a yi gayya, sai dai su ladan gayyarsu giyar gero ce, mu kuwa fura da tuwo.

To, me ya kai mutane noma a wurin da ya fi kowane wuya, ga fili shimfiɗe a ƙasa? Nan ne maganar ta shafe mu, kuma gara mu faɗa wa kanmu da bakinmu. A ƙarni na 19 filin nan ba wurin kwana ba ne ga wanda ba shi da ganuwa. Mahaya daga ƙasashen sarakuna, musamman Bauchi da Zazzau, suna kai hari neman bayi. Waɗansu ƙabilu na gefen tudu suka ƙulla amana da Bauchi suna ba da gandu, waɗansu suka ƙi, suka dogara ga dutse da baka da mashi. Berom suna da 'yan ƙananan dawakinsu da suke hawa ba sirdi, suna kuma kewaye gida da gona da shingen ƙyarana mai ƙaya da guba, ga lunguna ƙunƙuntattu da baƙon doki ba ya iya juyawa a ciki. Har yau shingen nan yana nan a ƙauyukansu. Da Turawa suka zo neman kuza a farkon ƙarni na 20, su ma ba su sami dutsen da sauƙi ba. A 1930 aka kashe wani ƙaramin jami'in mulki mai suna Barlow a ƙauyen Latok na ƙasar Kofyar, gwamnati ta sauko da mutanen wurin ƙarfi da yaji ta zaunar da su a fili shekara tara kafin a bar su su koma. Saboda haka in ka ga jingar dutse, ba gwanintar noma kaɗai kake gani ba, kana ganin abin da tsoro ya gina. Jikokin masu ginin kuwa ba su manta ba, ko da mu mun manta.

Ni hanyar da na samu ta shiga ba ta ofishin yawon buɗe ido ba ce. Maƙwabcina ne a Agege, tsohon soja mutumin ƙasar Ngas, wanda muka shekara muna jan ruwa a rijiya ɗaya, ya haɗa ni da ƙanensa. Wannan ita ce hanya mafi kyau, kuma tana hannun kusan kowane mai karanta wannan shafi, don ba barikin soja ko na 'yan sanda a Kudu da ba ɗan Filato a ciki, mu da su duka 'yan Arewa ake kiranmu a nan. Muka bar mota a bakin titi bayan Pankshin, muka yi tafiyar wajen awa biyu a ƙasa. Ni da nake ganin ina da ƙarfi sau uku ina neman wurin zama, wata tsohuwa kuwa ta wuce mu da tulu, ta yi mini sannu cikin Hausa tsantsa. Kada mai karatu ya yi mamaki. Hausa ita ce harshen kasuwa da na coci a yawancin Filato, an kuwa fitar da Littafi Mai Tsarki cikin Hausa tun 1932. Bature a Sapa sai da tafinta, kai kuwa ba ka bukata.

Da muka isa ba a kai ni masauki ba sai da aka kai ni na gai da mai gari, aka faɗa masa ko ni wane ne da wanda ya aiko ni. Maigidan da ya sauke ni dattijo ne, ina ce masa Baba yana ce mini Malam. Ban roƙa ba, ya sa aka kawo mini buta da tabarma, ya nuna mini gabas. Can da yamma sai ga yaro da zakara da wuƙa, aka ce in yanka da hannuna don in ci da kwanciyar rai. Na ga tulun burkutu a gindin bishiya inda maza suka taru, ba wanda ya miƙo mini, ni ma ban ɗaure fuska ba. Aka kawo gwaten acca da ganye, mai zafi, irin wanda sanyin wurin ke nema.

Accar nan ta isa a tsaya a kanta. Ƙwayarta ba ta fi yashi girma ba, tana yi a ƙasar da masara za ta ƙi, tana kuma nuna da wuri, lokacin da rumbu ya yi ƙasa. Amma wahalarta a turmi take. Na zauna na ga matan gidan suna surfe, su sheƙe, su koma surfe, sa'an nan su yi ta rairaya da ƙwarya cikin ruwa har sai tsakuwa ta rabu. Mu a Ikko muna sayenta a leda da tsada saboda masu ciwon sukari suna nemanta, muna ta ƙorafin kuɗi. Tun ran nan na daina taya mai acca.

Kuɗin kwana kuwa, kada ka zaro takarda ka miƙa wa dattijo a gaban iyalinsa kamar ka sauka a otel. Ka zo da tsaraba, gishiri, sabulu, sukari, goro in yana ci, in za ka tafi ka ba uwargida abin cefane, ka sallami yaron da ya yi maka jagora da kyau. Kada ka ɗauki hoton mutum sai ka tambaya. In an ce kurmin can ko dutsen can ba a shiga, to ba a shiga, ba kuma wurin wa'azi ba ne. Kalmomin nan da muka gāda na raini ga mutanen dutse, waɗanda kowa ya san su ba sai na rubuta ba, a bar su a tasha. Mu da muke zaune a Sabo mun san zafin a kira mutum da sunan da bai raɗa wa kansa ba.

Ba zan ɓoye wa mai karatu ba, Filato da ake wa kirari da gidan zaman lafiya da yawon buɗe ido ta sha jini. An yi rikici a Jos cikin Satumba 2001, da Nuwamba 2008, da farkon 2010, har unguwanni suka rabu, kowa ya san inda ba ya kwana. A Agusta 2021 an tare matafiya a hanyar Rukuba aka kashe su. A jajibirin Kirsimeti na 2023 an auka wa ƙauyuka a Bokkos da Barikin Ladi aka kashe mutane da yawa. Kowane ɓangare yana da kaburburan da zai nuna. Don haka ba a hawa dutse kai kaɗai, ba a shiga ƙauye ba da ɗan gari ba, ba a tafiyar dare, kuma kafin ka tashi ka tambayi mai masaukinka halin da ake ciki a makon nan, ba na bara ba. In ya ce ka dakata, ka dakata. Lokacin da ya fi daɗin tafiya daga ƙarshen damina ne zuwa Disamba, ciyawa ba ta gama bushewa ba, dutse kuma ya daina santsi. A yi hankali da kududdufan da masu haƙar kuza suka bari wajen Bukuru da Barikin Ladi, ruwansu a kwance yake amma zurfinsu ya wuce tsammani.

Wanda ke da niyya kada ya yi ta jinkiri, domin gonakin suna tafiya. Tun shekarun 1950 mutanen Kofyar suka fara gangarowa filayen Namu suna noman doya da shinkafa na sayarwa, har da yawa suka mai da can gida, na dutse ya zama wurin zuwa biki da jana'iza. Ba wanda zai ga laifinsu, kwandon taki a ka zuwa hawa na ashirin ba abin da saurayi mai babur zai zaɓa ba ne. Ifugao ma sun ga haka, har aka sa gonakinsu cikin jerin masu haɗarin ɓacewa daga 2001 zuwa 2012. Jingar dutse kuwa ba ta jiran kowa. In damina ta ture dutse ɗaya ba a mayar ba, baɗi biyar za su bi shi, ƙasar da aka tara shekara ɗari ta gangare rafi.

Da safen da zan sauko, Baba ya zaga da ni bayan gida ya nuna mini hawa bakwai da yake nomawa, da waɗansu a sama da su da ciyawa ta cinye, ya ce na 'ya'yansa ne, biyu suna Jos ɗaya yana Fatakwal. Muna tafe ya tsaya wurin da jinga ta zube, ya sunkuya ya ɗauki dutse ya jujjuya shi har ya sami fuskar da ta zauna, sa'an nan ya nuna mini wani ya ce, "Malam, miƙo mini wancan."