Makaɗin da ke bayan hoto

Mai karatu, ka taɓa zuwa kallon kokowa a filin Matamai? To, ka tuna yadda ake yi in makaɗa sun yi shiru. Ƴan kokowa na nan, ƙarfinsu na nan, amma sai ka ji wurin ya yi sanyi. Silima ma haka take. Hoto shi kaɗai ba ya isa. Sai an samu mai kiɗa ya bi shi.

Ga yadda aikin yake. Ana ɗaukar hoto tukuna. Bayan nan makaɗi ya duba abin da aka ɗauka. In tafiya ce ake yi, ya sa kiɗan tafiya. In abin tsoro ne ke zuwa, ya rage hannu, har gabanka ya riƙa faɗuwa ba ka san dalili ba. Wani wurin kuma ya bar shi shiru. Sanin wurin da za a yi shiru, shi ne ma ya fi wuya.

A nan Nijar an yi wani mai wannan aiki, sunansa Tallou Mouzourane. Ya yi shekaru yana aiki da wani Bafaranshe, Jean Rouch, mai ɗaukar hoton zaman mutane kamar yadda yake: farauta, bori, tafiya cin rani. Abokansu biyu su ne Damouré Zika da Lam Ibrahim Dia.

A shekarar 1974 suka fitar da wani fim, Cocorico Monsieur Poulet. Da Faransanci, cocorico carar zakara ce, poulet kuwa kaza. Labarin mutum uku ne da suka bar Yamai cikin wata tsohuwar mota ƙirar Citroën, za su ƙauye sayen kaji. Motar nan kuwa, wayyo! Yau ta tafi, gobe ta ƙi. Ga aljana a daji, ga kogin Kwara a gabansu. Har sai da suka kwance motar gunduwa-gunduwa don su ƙetare da ita.

Tallou ya fito a ciki, shi ne yaron mota. Kuma shi ne ya yi kiɗan fim ɗin. Ka ga ke nan ya sha ƙurar hanyar da kansa kafin ya kaɗa mata. A ganina, abin da ya sa kiɗan ya dace da motar ke nan.

Sau da yawa sunan makaɗi a ƙarshen fim ake rubuta shi, lokacin da mutane sun riga sun miƙe suna neman takalmansu. Amma waɗannan huɗu sun yi dabara. Suka ɗauki farkon sunan kowa, suka haɗa suna guda. Karanta shi a hankali, gaɓa-gaɓa: Da, La, Rou, Ta. Damouré, Lam, Rouch. Ta ɗin nan ta ƙarshe, Tallou ne.