Huhu Ma Ana Yi Masa Sikanin: Abin da Likita Ke Gani Cikin Minti Uku

 Ga rubutaccen shirin wannan makon, saboda waɗanda data ba ta bari su saurara ba.

Idan aka ce "sikanin" a wajenmu, abin da ke zuwa wa kowa a rai shi ne mai juna biyu: a duba kwanciyar jariri, a faɗi watan haihuwa. To yau ina so in gaya muku cewa irin wannan na'urar dai, idan aka ɗora ta a ƙirjin wanda numfashi ke gagararsa, tana iya nuna wa likita abin da ke faruwa a huhunsa, yana kwance a kan gadonsa, cikin 'yan mintuna.

Me ya sa abin ya dame ni? Ku ɗauka an kawo mutum huɗu ɗakin gaggawa, kowa yana haki. Na farko ɗan acaɓa ne da ya faɗi, haƙarƙarinsa ya karye, iska ta taru tsakanin huhu da bangon ƙirji. Ta biyu maijego ce da zuciyarta ta yi rauni, ruwa ya cika mata huhu. Na uku yaro ne mai nimoniya. Na huɗu mai asma. A ido duk ciwo ɗaya ne, amma maganinsu huɗu ne daban. Ɗan acaɓa so ake a huda ƙirji a fitar da iskar. Maijego allurar da ke sa fitsari take buƙata don ruwan ya ragu, kuma idan aka yi mata ƙarin ruwan nan da muke yawan nacin a yi wa mara lafiya, an ƙara mata wahala ne. Yaro maganin kashe ƙwayoyin cuta, mai asma abin shaƙa. Kun ga ashe gane ciwon da wuri shi ne rabin ceton ran.

Shekaru da yawa likitoci sun ɗauka huhu ba wurin sikanin ba ne, kuma suna da hujja. Na'urar tana aika sautin da kunnen mutum ba ya iya ji, sai ta zana hoto daga amsa-kuwwar da ta dawo. Sautin yana ratsa ruwa da tsoka lafiya lau, amma da ya haɗu da iska sai ya komo baya. Huhu kuwa jakar iska ce. Don haka abin da ke fitowa a allon wasu layuka ne kawai da ake ɗauka a matsayin hayaniya. Wani likitan masu jinya mai tsanani a Faransa, Daniel Lichtenstein, shi ne ya nace cewa wannan hayaniyar magana ce, a koyi karanta ta. A 2008 shi da abokin aikinsa Gilbert Mezière suka wallafa tsarin da ake kira BLUE a mujallar Chest. Sun gwada shi a kan majinyata 260 masu matsanancin ƙarancin numfashi, ya dace da ainihin ciwon a kashi 90.5 cikin ɗari.

To me ake gani? Bari mu bi su ɗaya bayan ɗaya.

Da farko likita zai shafa jel, ya ɗora kan na'urar a tsaye a kan haƙarƙari biyu. Kowane ƙashi yana jefa baƙar inuwa, a tsakaninsu kuma, ɗan ƙasa kaɗan, akwai wani farin layi mai haske. Siffar ta yi kama da jemage ya buɗe fikafikai, shi ya sa ake ce mata alamar jemage. Wannan farin layin shi ne tantanin huhu, kuma duk labarin daga nan yake farawa.

Tantanin nan biyu ne: ɗaya manne da huhu, ɗaya manne da bangon ƙirji. Duk numfashin da ka ja, suna gogar juna. A allon sai ka ga layin yana ɗan walƙiya yana kai-komo, kamar jerin tururuwa. Wannan shi ne zamewar huhu. Idan tana nan, to a daidai wurin babu iskar da ta raba huhu da ƙirji. Akwai wani salon duba da ke zana motsi a kan lokaci. A huhu mai zamewa, saman hoton layuka ne a kwance, ƙasansa kuma diddigi-diddigi kamar yashi, wato alamar bakin teku. Idan zamewar ta tsaya, yashin ya ɓace, hoton ya koma layuka zalla daga sama har ƙasa, kamar layukan nan da ake bugawa a jikin kwalin kaya a kanti.

Sai layukan A. Su a kwance suke, suna maimaita kansu a ƙarƙashin tantanin da tazara iri ɗaya. Ma'anarsu: iska ce a ƙasa. Layukan A tare da zamewa, huhu a bushe yake. Idan mutum yana haki amma hoton ya nuna haka, sai likita ya karkata ga asma ko ciwon toshewar hanyoyin iska na masu shan taba, ko ya gangara ya duba jijiyoyin ƙafa ko akwai gudan jinin da ya tafi ya toshe jijiyar huhu.

Layukan A ba tare da zamewa ba, nan ne hankalin likita ke tashi, musamman ga wanda ya yi haɗari. Sai ya riƙa matsar da na'urar zuwa gefen ƙirji yana neman iyaka: wurin da huhun da ya motse ke taɓo bangon ƙirji idan an ja numfashi, ya sake ja da baya idan an saki. Rabin hoto na zamewa, rabi a tsaye. Ganin wannan iyakar kusan tabbaci ne cewa iska ta taru a kogon ƙirji. Kuma a wajen wanda ke kwance rigingine, sikanin ya fi hoton eksire kama wannan matsalar.

Yanzu layukan B. Waɗannan a tsaye suke, farare kamar hasken tocila a cikin ƙurar hunturu. Suna tasowa daga tantanin, su sauka har ƙarshen allo, su shafe layukan A, kuma suna motsi tare da numfashi. Ɗaya ko biyu a ƙasan huhu ba abin damuwa ba ne. Uku ko fiye a tsakanin haƙarƙari biyu, huhu ya jiƙe. Idan aka gan su ko'ina, dama da hagu, abin da aka fi zargi shi ne zuciya ta gaza, ruwa ya koma huhu. Wannan ya shafe mu kai tsaye, domin raunin zuciya bayan haihuwa ya yi yawa a arewacin Najeriya, tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suke rubutu a kansa.

Nimoniya fa? Idan ruwa da mugunya suka cika wani sashe na huhu, iska ta fita, sai sauti ya samu hanyar shiga. Wurin sai ya fito kamar hanta, da wasu fararen ɗige-ɗige a ciki, wato ragowar iskar da ke cikin ƙananan bututun numfashi. Ga mu da yara, wannan babbar magana ce. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce nimoniya ta kashe yara 'yan ƙasa da shekara biyar 740,180 a 2019. Alƙaluman UNICEF na 2018 kuma sun sa Najeriya a kan gaba a duniya da yara 162,000. Ƙirjin yaro siriri ne, hoton yana fita tas, kuma babu hasken eksire da ke shiga jikinsa, ana iya maimaitawa gobe a ga ko magani na aiki.

Na ƙarshe, ruwan da ke taruwa a kewayen huhu, wanda tarin fuka na cikin manyan dalilansa a ƙasashenmu. Yana fitowa baƙi wuluk a can ƙasan ƙirji ta baya, wani lokacin har ka ga gefen huhu yana lilo a ciki. Hoton eksire na gaba yakan buƙaci ruwan ya kai kusan mililita 200 kafin ya nuna, sikanin kuwa yana ganin wanda bai kai haka ba, kuma yana nuna wa likita inda zai soka allura ba tare da ya taɓa hanta ko saifa ba.

Amma fa kada mu mai da shi tsafi. Rashin zamewa ba kullum yake nufin iska ta taru ba, tsohon ciwon da ya manne tantanin ma yana jawo haka. Layukan B suna fitowa a huhun da ya yi tabo, sun kuma fito a masu korona. Ciwon da ke can tsakiyar huhu bai taɓo tantani ba, na'urar ba ta ganinsa. Tarin fuka har gobe sai an gwada majina. Sikanin ƙari ne a kan tambayar mara lafiya, sauraren ƙirji da auna iskar oksijin. Kuma ingancinsa yana hannun mai riƙe da shi ne. Wanda bai samu horo ba zai iya kallon allo ya faɗi abin da babu.

Nan ne maganar ta dawo kanmu matasa. Na'urar tana nan a asibitoci da yawa, sai dai a kulle take a ɗakin awo ko ɗakin hoto, ɗakin gaggawa kuma babu. Yanzu har akwai ƙanana da ake jonawa da waya, irin su Butterfly iQ, da batirinsu, ba ruwansu da ɗauke wuta. Don haka idan muka samu zama da shugaban asibitin garinmu, ko kwamitin lafiya na unguwa, ko ɗan majalisar da ke neman aikin mazaɓa, ga tambayoyi uku: akwai na'urar sikanin da ke kaiwa gadon mara lafiya a ɗakin gaggawa? Ma'aikata nawa aka horar su duba huhu da ita? Da daddare ma tana aiki? Ku kuma ɗaliban likitanci da na aikin jinya da ke bibiyarmu, ku nemi a koya muku tun kuna makaranta.

Kafin duk wannan, akwai abin da kowa zai iya a gida. Ƙirga numfashin yaro na minti ɗaya cif yana cikin natsuwa. Ɗan wata 2 zuwa 11, idan ya kai 50. Ɗan shekara 1 zuwa 5, idan ya kai 40. Ko ka ga ƙasan ƙirjinsa na lotsawa ciki idan ya ja numfashi, to a tafi asibiti a ranar, ba kemis ba.

Wanda yake aiki a asibiti, ya gaya mana a ƙasa: ana yin sikanin huhu a wajenku? Ku tura wa wanda kuka san zai amfana. Allah Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi. Sai mako mai zuwa.