Shin Ko Kun San? Lemur na Madagaska da Ɗan'uwansa na Dajinmu

Idan aka ce biri a ƙasar Gaya da Ajingi, abin da ke faɗo wa mutum a rai shi ne jan biri maɓarnacin gyaɗa, ko wanda gardawa ke yawo da shi ranar kasuwa. To, zuriyar birai ta fi haka faɗi. Akwai wani reshe nata da bai cika shiga labari ba, masu manyan idanu, da yawansu 'yan yawon dare. Fitaccensu shi ne lemur na tsibirin Madagaska, amma ɗan'uwansa na kusa yana kwana a bishiyoyin ƙasar Hausa.

Rabon zuriya

• Shin ko kun san masana sun raba zuriyar birai gida biyu, kuma hanci suka duba? Gida na farko masu jiƙaƙƙen hanci ne: lemur da galago da potto da loris. Kan hancinsu ba gashi, kullum da danshi, abin da ke ƙara musu ƙarfin sansana. Gida na biyu masu busasshen hanci ne, irin su jan biri da gwaggon biri da gorila, waɗanda suka fi dogara da ido.

• Shin ko kun san tun farko an hautsina lissafin? A shekarar 1758 masanin nan ɗan ƙasar Suwidin, Carl Linnaeus, ya zuba dabbobi uku a rukunin lemur. Ɗaya ce kawai lemur ta gaskiya. Ta biyu loris ce ta Sri Lanka, ta uku kuwa wata dabba ce ta Filifin mai shawagi tsakanin bishiyoyi, wadda ko cikin zuriyar birai ba ta.

• Shin ko kun san masu jiƙaƙƙen hanci da matajinsu ake haifarsu? Haƙoran gaba na muƙamuƙin ƙasa, yawanci guda 6, sun miƙe gaba a jere, siri-siri. Da su suke taje gashinsu da na 'yan'uwansu, wasu kuma da su suke kankaro ƙaro a jikin itace. Yatsa na biyu na kowace ƙafa kuma yana da akaifa mai tsini, ta susa kawai, alhali sauran yatsun farce gare su.

• Shin ko kun san dalilin da ya sa idanunsu ke ƙyalli idan aka haska tocila? A bayan idon akwai wani shimfiɗi mai maido da haske, sai idon ya amfana da hasken sau biyu. Jan biri da gwaggon biri ba su da shi, mu ma ba mu da shi.

• Shin ko kun san jikinsu da kansa yake haɗa sinadarin bitamin C? Birai masu busasshen hanci ba sa iyawa, dole sai sun ci a 'ya'yan itace da ganyaye.

Tsibirin lemur

• Shin ko kun san duk faɗin duniya Madagaska ce kaɗai mahaifar lemur? Tsibirin shi ne na huɗu a girma a duniya, faɗinsa kimanin murabba'in kilomita 587,000. Akwai nau'o'in lemur sama da 100 a cikinsa, an kasa su dangi biyar. Nau'i biyu da ake gani a tsibiran Komoros da ke maƙwabtaka, ana kyautata zaton mutane ne suka ƙetarar da su.

• Shin ko kun san ba da ƙafa suka je can ba? A lissafin masana kimiyya, Madagaska ta ɓalle daga Afirka kimanin shekaru miliyan 160 da suka wuce, tun kafin a sami wani abu mai kama da lemur. Tsakaninsu da gaɓar Mozambik akwai ruwa na kusan kilomita 400. Ra'ayin da ya fi rinjaye shi ne kakanninsu sun ƙetara ne a kan tarkacen itatuwa da ambaliya ta kwaso ta watsa cikin teku, shekaru miliyan 50 zuwa 60 baya. A 2010 Jason Ali da Matthew Huber suka nuna cewa a wancan zamani igiyar ruwan daga Afirka take turawa zuwa tsibirin, akasin yadda take a yau.

• Shin ko kun san rashin kishiya ne ya ba su sarari? Babu biri mai busasshen hanci ko ɗaya a dajin Madagaska. Da ba mai ƙwace musu abinci da rana, sai suka bazu ko'ina: wasu na dare, wasu na rana, wasu masu cin ganye, wasu ƙwari, wasu gora. 'Yan'uwansu da suka rage a Afirka da Asiya, inda birai suka mamaye rana, duk dare suka riƙe.

• Shin ko kun san mafi ƙanƙanta a duk zuriyar birai lemur ne? Ana kiransa lemur na Madam Berthe, yana zaune a dajin Kirindy da ke yammacin tsibirin, kuma sai a 2000 aka shigar da shi littattafan kimiyya. Nauyinsa kimanin giram 30, bai kai ƙwan kaza ba. Babban lemur a yau shi ne indri, mai kaiwa kilo 9, wanda ake jin kukansa mai kama da waƙa daga nisan kilomita 2.

• Shin ko kun san an yi lemur mai girman gorila? Ƙasusuwan da aka tono sun nuna aƙalla nau'i 17 na manyan lemur da suka ƙare, yawancinsu cikin shekaru 2,000 na baya-bayan nan, bayan mutane sun zauna a tsibirin. Mafi girmansu ya kai kimanin kilo 160.

• Shin ko kun san akwai lemur da aka daɗe ana yi masa kallon kurege? Sunansa aye-aye. Haƙoransa na gaba ba sa daina tsiro, shi ya sa a 1788 aka sa shi cikin kurege, sai a 1863 Richard Owen na Ingila ya tabbatar da cewa ɗan gidan birai ne. Da siririn yatsansa na tsakiya yake ƙwanƙwasa itace yana kasa kunne. In ya ji rami, sai ya ɓarke ɓawon da haƙori ya zaƙulo tsutsa. A wasu ƙauyukan Madagaska ana camfa shi da mutuwa, ana kashe shi da gani.

• Shin ko kun san a gidan lemur mace ce gaba? A nau'o'i da dama, har da mai wutsiya zobe-zobe baƙi da fari, mace ce ke fara cin abinci, ita ke zaɓar wurin kwana, kuma tana korar namiji ya kauce. Mazan kuwa faɗan wari suke yi: kowa ya goga wutsiyarsa a wani wuri mai wari a hannunsa, ya kaɗa ta wajen abokin karawa, har ɗaya ya gaji ya bar fage.

• Shin ko kun san akwai mai barcin wata bakwai? Wani ƙaramin lemur mai kitsen wutsiya yana tara mai a wutsiyarsa da damina. In rani ya shigo, sai ya shige kogon itace ya kwanta, bugun zuciya da numfashi su ja baya matuƙa. Kathrin Dausmann 'yar Jamus da abokan aikinta ne suka bayyana wannan a 2004.

• Shin ko kun san akwai mai kalaci da guba? Lemur mai launin zinare yana cin tohon gora mai ɗauke da sayanaid, gubar nan da ke cikin rogo mai ɗaci. Abin da yake ci a yini ya ninka sau 12 abin da zai kashe dabba mai girmansa. An gano shi a 1986, kuma dalilinsa aka kafa gandun dajin Ranomafana a 1991.

Namu na gida

• Shin ko kun san galago ɗan ƙasarmu ne? Nau'in da ake kira galagon Senegal, wanda Étienne Geoffroy na Faransa ya raɗa wa suna a 1796, ya bazu tun daga Senegal har Sudan da Habasha da Kenya, kuma ƙasar Hausa tana tsakiyar wannan zirin. Nauyinsa kimanin giram 200 ne, toka-toka, da faffaɗan kunne da doguwar wutsiya. Daji mai ƙaya da kogunan tsofaffin bishiyoyi yake so. Da yake da rana barci yake, manomi a Toranke ko Balare ko Kademi zai iya shekaru yana wucewa ta gindin bishiyar da yake ciki bai taɓa ganinsa ba.

• Shin ko kun san abincinsa na rani ƙaro ne? Da damina fara da sauran ƙwari yake kamawa, har a iska yakan cafke su da hannu. In ƙwari suka yi wuya, sai ya koma lasar ƙaron da ke tsattsafowa daga dangin dakwara da bagaruwa. Ƙaron da almajiri ke sakawa a tawada, wanda 'yan kasuwa ke saye buhu-buhu a Jigawa da Yobe da Borno, shi ne guzurinsa har saukar ruwa.

• Shin ko kun san tsallensa ya sa injiniyoyi kwaikwayo? An auna galago yana tashi sama fiye da mita 2 a tsalle guda. Sirrin yana dogayen ƙasusuwan idon sawunsa da jijiyoyin ƙafa masu tara ƙarfi su sake shi lokaci ɗaya. A 2016 masu bincike a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley suka ƙera wani ƙaramin mutum-mutumi mai ƙafa ɗaya, Salto, bisa tsarin tsallen galago.

• Shin ko kun san da fitsari yake wanke hannu? Yakan yi fitsari a tafin hannu ya shafa a tafin ƙafa, duk reshen da ya taka ya bar warinsa, 'yan'uwa su san wanda ya bi ta nan. Uwa kuma a baki take ɗaukar jaririnta, ta ajiye shi a reshe ta yi kiwo kusa, kafin asuba ta maido shi makwanci.

• Shin ko kun san akwai birai masu farautarsa da mashi? A 2007 Jill Pruetz ta ba da rahoton cimfanzi a Fongoli, kudu maso gabashin Senegal, suna karyo reshe, su fiƙe bakinsa da haƙori, su riƙa caka shi cikin kogon da galago ke barci. Mata da ƙanana ne suka fi yin haka.

• Shin ko kun san wani ɗan'uwan galago yana ɗauke da sunan birnin Najeriya? Angwantibo na Kalaba, wanda aka bayyana a 1860, yana zaune a kurmin kudu maso gabashin ƙasar nan da Kamaru. Maƙwabcinsa potto ba ya tsalle sam, a hankali yake rarrafe a reshe. In maƙiyi ya tare shi, sai ya sunkuyar da kai ya tura masa ƙeya, inda ƙasusuwan wuyansa suka yi tsini a ƙarƙashin fata mai kauri.

• Shin ko kun san a duk zuriyar birai loris mai nawa na kudu maso gabashin Asiya ne kaɗai ke da dafi? Yakan lashi wani ruwa da ke fita a hannunsa, ya gauraya da miyau, cizonsa ya zama na hatsari har ga mutum.

Inda gizo ke saƙa

• Shin ko kun san kusan duk lemur suna bakin ƙarewa? A Yulin 2020 ƙungiyar IUCN mai sa ido kan halittu ta sanar da cewa 103 daga cikin nau'o'i 107 na cikin barazana, 33 kuma suna gab da shuɗewa. Madagaska ta yi asarar kimanin kashi 44 cikin 100 na dajinta tsakanin 1953 da 2014. Sassabe da ƙona daji don shuka shinkafa, da gawayi, da sarar katako, da farauta, su ne manyan dalilai. Juma'ar ƙarshe ta watan Oktoba ita ce ranar lemur ta duniya.

• Shin ko kun san galagon Senegal bai shiga jerin masu ƙarewa ba tukuna? Faɗin yankinsa ne ya cece shi. Sai dai rayuwarsa kacokan a kan bishiya take: a kogonta yake kwana, a jikinta yake ci, ta rassanta yake tafiya. Duk karkarar da gatarin masu itace da masu gawayi ya share, galago ya bar ta ke nan, ko da ba wanda ya ɗaga masa sanda.

• Shin ko kun san Hausawa sun riga sun nuna ana iya maido da daji ba tare da dashe ba? Tun daga shekarun 1980 manoman Maraɗi da Damagaram suka daina tumɓuke kututture a gona. Sukan zaɓi toho mai ƙarfi su bar shi, su sassabe sauran, su tsare shi daga dabbobi. Da wannan dabara gawo da sauran itatuwa kimanin miliyan 200 suka tashi a fili mai faɗin kusan hekta miliyan 5. Kano da Jigawa suna cikin jihohi 11 na shirin katangar bishiyoyi ta Afirka a Najeriya, kuma kututturen da aka yi wannan aiki da su a Maraɗi akwai irinsu a gonakin Gafasa da Kunkurawa.