Ƙunshin Da Ba A Ga Cikinsa Ba

Daga Wakilinmu Na Arewa

A cikin watan Agusta na shekarar 2023 ne wani kamfanin tsaron kwamfuta mai suna Group-IB ya tona asirin wata sata da aka yi watanni ana yi wa masu cinikin hannun jari da kuɗin intanet. Tun daga watan Afrilu na shekarar ɓarayin su ka riƙa shiga wuraren da 'yan kasuwar su ke taruwa a intanet, su na ajiye ƙunsassun fayiloli irin na ZIP, su na cewa dabarun cin riba ne a ciki. Kamfanin ya ce aƙalla kwamfutoci 130 su ka kamu, har aka cire kuɗi daga asusun waɗansu mutane.

Shi ƙunsasshen fayil, watau ZIP ko RAR, buhu ne da aka cusa fayiloli da yawa aka danne su don su yi sauƙin aikawa. To, ba a ganin abin da ke ciki sai an kwance bakinsa, kuma ɗaya daga cikin manhajojin da jama'a su ka fi kwance shi da su, ita ce WinRAR.

Ga yadda aka shirya tarkon. Ɓarawo zai sa hoto ko takardar PDF a cikin buhun, ya kuma sa wata jaka mai suna daidai da na hoton, da muguwar manhaja a cikinta. Mutum na danna hoton, sai WinRAR ta ruɗe ta kunna abin da ke cikin jakar. Hoton zai fito sarai, mai kwamfuta ya na kallo hankalinsa kwance, alhali kuwa an riga an buɗe wa baƙo ƙofa, ya na iya kwasar kalmomin sirrinsa daga nesa. A ganina wannan shi ne wurin tsoron, domin mutumin bai yi wani ganganci ba in ban da amincewa da mahaɗin da bai san wanda ya ajiye shi ba.

Waɗansu ɓarayin kuwa kulle buhun su ke yi da kalmar sirri, su rubuto maka kalmar a cikin saƙon. Ba alheri ba ne. Manhajar riga-kafi ba ta iya leƙa cikin buhun da aka kulle, sai ya wuce ta salin-alin.

Masu WinRAR sun toshe wancan rami a fitowa ta 6.23, amma manhajar ba ta sabunta kanta, sai mai ita ya sauko da sabuwa da hannunsa. Shi ya sa a watan Oktoba na 2023 masu binciken Google su ka ce har ila yau ƙungiyoyin da ke da goyon bayan gwamnatocin Rasha da Sin su na ci gaba da shiga ta nan. Bugu da ƙari, a shekarar 2025 kamfanin ESET ya gano wani ramin dabam, aka toshe shi a fitowa ta 7.13.

Saboda haka masu shagunan buga takardu da ɗalibanmu masu neman manhajar banza da finafinai, kowa ya buɗe WinRAR ɗinsa ya duba lambar fitowarta. In ta gaza 7.13, sai a sauko da sabuwa daga shafin kamfanin da kansa.