Littattafan Kashmir da Takaddamar Rubuta Tarihinta

Masu kallon finafinan Indiya a ƙasar Hausa sun daɗe da sanin Kashmir a matsayin wurin ƙanƙara da furanni da tafkuna inda jarumai ke rera waƙa, amma wannan kwari da ke tsakanin duwatsun Himalaya, wanda Indiya da Pakistan ke jayayya a kansa tun shekarar 1947, yana da tarihin rubutu mai zurfi da ba kasafai ake ambatonsa ba. Duk wanda ya bi littattafan da aka rubuta a kan mutanen wannan yanki zai tarar cewa rikicin bai tsaya ga iyaka da sojoji ba, domin ana ja-in-ja mai tsanani a kan wanda ke da ikon faɗin abin da ya faru, da kuma ranar da ya kamata a fara ƙirga labarin.

Tushen wannan al'ada shi ne Rajatarangini, wato Kogin Sarakuna, wanda wani malami mai suna Kalhana ya rubuta da harshen Sanskrit a wajajen shekarar 1148, cikin baitoci kusan dubu takwas da aka kasa kashi takwas. Abin da ya ɗaga darajarsa shi ne hanyar da marubucin ya bi, domin ya duba littattafan magabata da rubuce-rubucen da ke jikin wuraren ibada da takardun kyautar filaye da sarakuna suka bayar, kuma ya yi riƙo da cewa mai ba da labarin abin da ya wuce ya kamata ya zama kamar alƙali wanda so ko ƙi ba ya karkatar da shi. Sassan farko cike suke da tatsuniya, amma da labarin ya matso kusa da zamaninsa sai ya koma bayani mai ƙwari a kan makircin fada da zaluncin ma'aikata da yunwar da ke biyo bayan ambaliya. Bayan mulki ya koma hannun Musulmi a 1339, aikin bai yanke ba, domin Jonaraja, wanda Hindu ne, ya ci gaba da shi a fadar Sarki Zainul Abidin, wanda ya yi mulki daga 1420 zuwa 1470. A cikin ƙarni na 14 da farkon na 15 ne kuma aka sami waƙoƙin Lal Ded, mai bautar Shiba, da na Shehu Nuruddin, waliyyin da ya kafa tafarkin sufaye na Rishi, waɗanda Hindu da Musulmi suka haddace a harshensu na gado.

Bayan Mughal da Afganawa da Sikh sun mulki kwarin bi da bi, sai Turawan Ingila suka sayar da shi ga Gulab Singh, sarkin Dogra na Jammu, a yarjejeniyar Amritsar ta 1846 a kan rupi miliyan bakwai da rabi, ciniki wanda har yau mutanen Kashmir ke tunawa da ɗaci. Walter Lawrence, jami'in da aka ɗora wa aikin auna gonaki da daidaita haraji, ya wallafa The Valley of Kashmir a 1895, inda ya bayyana begar, wato aikin tilas da ake kwasar manoma su yi dakon kayan sojoji zuwa Gilgit ta tsaunuka, wasu su mutu a hanya gonakinsu kuma su lalace. Fiye da shekara ɗari bayan haka, Mridu Rai ta nuna a littafinta Hindu Rulers, Muslim Subjects na 2004 yadda gidan Dogra ya gina halascinsa a kan addinin Hindu ya bar Musulmi masu rinjaye a gefe, yayin da Chitralekha Zutshi, a Languages of Belonging, ta binciki Kashmiriyat, wato aƙidar cewa mutanen kwarin al'umma ɗaya ce mai zaman lafiya tun fil azal, ta nuna cewa siyasa ce ta sassaƙa wannan aƙida a wani zamani sananne.

Inda alƙaluma suka fi yin karo shi ne watan Oktoba na 1947. Hukumomin Indiya na cewa Maharaja Hari Singh, sarkin Dogra na lokacin, ya sa hannu a takardar shigar da masarautarsa cikin Indiya ranar 26 ga wata, bayan mayaƙan ƙabilu sun kutso daga Pakistan, sannan sojojin Indiya suka sauka a Srinagar washegari. Masanin tarihi Alastair Lamb ya yi jayayya da cewa ba a sa hannun ba sai bayan saukar sojojin, ɗan jarida Prem Shankar Jha kuma ya mayar masa da martani a littafin da ya kare matsayin Indiya. Mai karatu zai iya mamakin yadda manyan malamai ke ɓata tawada a kan sa'o'i kaɗan, amma a kan waɗannan sa'o'i ne halascin shigar sojojin ya rataya. Christopher Snedden ya ƙara buɗe wata ƙofa da ya nuna cewa mutanen yankin Poonch sun yi wa Maharaja tawaye tun kafin zuwan mayaƙan, kuma an yi wa Musulmin Jammu kisa mai yawa a wannan lokaci, al'amuran da labarin hukuma ke tsallakewa.

Mafi yawan waɗannan ayyuka na zamani na mutanen waje ne, har sai da tawayen da ya ɓarke a 1989, bayan zaɓen 1987 da mutane da yawa suka yi imani an tabka maguɗi a cikinsa, ya haifar da marubutan da suka girma a cikin wutar. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, ko da waƙar ta baƙin ciki ce. Basharat Peer, a Curfewed Night, ya bayyana yadda sojoji ke zagaye ƙauye da asuba, a tara maza a fili su zauna a ƙasa, sannan a riƙa wucewa da su ɗaya bayan ɗaya a gaban motar da wani ɗan rahoto mai rufaffiyar fuska ke ciki, wanda ya nuna kuwa a tafi da shi gidan tuhuma. Rahul Pandita, a Our Moon Has Blood Clots na 2013, ya ba da labarin Pandit, wato Hindun asalin kwarin, waɗanda mafi yawansu suka gudu a 1990 bayan 'yan bindiga sun kashe wasu daga cikinsu, da yadda iyalinsa suka koma rayuwar ƙunci a zafin Jammu, mahaifiyarsa tana ta faɗa wa duk wanda ta gani yawan ɗakunan gidan da suka baro. Magoya bayan kowane ɓangare sukan ɗauki ɗaya su yi watsi da ɗayan, alhali kuwa littattafan biyu shaida ce a kan shekaru guda da kwari guda, kuma adalci bai cika ba sai an karanta su tare. A gefensu akwai waƙoƙin Agha Shahid Ali, da littafin zane na Malik Sajad mai suna Munnu, wanda ya zana mutanen Kashmir da siffar hangul, barewar yankin da ke gab da ƙarewa, da kuma binciken da mata biyar suka wallafa a 2016 a kan zargin fyaɗen da aka yi wa matan ƙauyukan Kunan da Poshpora a watan Fabrairun 1991, zargin da rundunar sojan Indiya ta musanta.

Akwai giɓin da ya kamata a lura da shi, wato kusan duk abin da ya isa ga duniya da Turanci aka rubuta shi, yayin da adabin harshen Kashmir, wanda ake rubutawa da baƙaƙen Larabci da aka yi wa ƙari kamar ajami, bai samu fassara yadda ya cancanta ba, duk da cewa mawaƙinsa Rahman Rahi ya sami Jnanpith, lambar yabo mafi girma ta adabi a Indiya. Hanyar isa ga littattafan ma tana ƙara ƙuntata a cikin kwarin kansa, domin ranar 5 ga Agusta 2025, shekara shida cif da soke sashe na 370 na tsarin mulki wanda ya ba yankin ƙwarya-ƙwaryar cin gashin kai, gwamnatin Jammu da Kashmir ta haramta littattafai 25 bisa zargin suna ingiza aƙidar ɓallewa, ciki har da ayyukan A. G. Noorani da Sumantra Bose da Victoria Schofield da Arundhati Roy da littafin matan nan biyar, 'yan sanda kuma suka bi shagunan littattafai na Srinagar suna bincike.